Fim Ɗin da Altine Ta Ƙi Haskawa

A watan nan Altine ta cika shekara ashirin da shida da rasuwa. Na san yawancin masu karanta wannan shafi ba su taɓa jin sunanta ba, kuma ko sun bincika a waya ba za su samu wani abin kirki ba. Sunan da iyayenta suka raɗa mata Annegret. Bajamushiya ce mai shirya fim, wadda ba ta ƙarƙashin kowane kamfani ko gidan talabijin. Mu muka sa mata Altine, saboda da muka tambaye ta ranar da aka haife ta, ta ce Litinin. Shekara goma sha huɗu muna zaune a Woolwich, bango ɗaya ne ya raba kicin ɗina da nata.

Na zo London a tsakiyar shekarun tamanin, na biyo maigidana daga Gusau. Shi yana fita karatu tun safe, ni kuma ina wuni a flat da 'yata Asiya a goye, ban san kowa ba, Turancina bai wuce na gaisuwa da sayen burodi ba. Wata rana ina dakan yaji a ɗan ƙaramin turmin da na taho da shi, sai na ji ana ƙwanƙwasa ƙofa. Na buɗe, na ga doguwar Baturiya da gajeren gashi, ta rataya wani abin saurare a wuya. Na ɗauka ƙarata za ta kai wa council, wato ƙaramar hukuma. Har na fara jera mata "sorry", sai ta ɗaga hannu. Ta ce kwana uku ke nan wannan sauti yana shiga cikin aikinta ta bango, ta rasa ko mene ne, don Allah in nuna mata abin da ke yin sa. Na nuna mata turmi. Ta zauna a ƙasan kicin ɗina, ta ce in ci gaba. Yaji ya sa ta atishawa har da hawaye, amma ba ta tashi ba sai da na gama.

Ranar da na fara shiga nata ɗakin na tsaya baki buɗe. Ta ɗaura igiyoyi daga bango zuwa bango, ta rataye yankakkun zaren fim a kai kamar mai shanyar kilishi. A tsakiya akwai wani babban tebur mai ɗan allo, inda take zama tana yankewa tana haɗawa da hannunta. Kyamararta kuwa nauyinta ya kai na yaron goye, a kafaɗa take ɗora ta, har kafaɗarta ta dama ta ɗan karkace. Da yamma tana koyar da Jamusanci don ta ci abinci, da rana tana yawo da kyamara.

Fina-finanta ba irin waɗanda ake rububin kallo ba ne. Ta yi ɗaya a kan mutanen da ke aiki a jirgin fito na kogin Woolwich. Ta yi wani a kan tsofaffin ma'aikatan masana'antar mota a Dagenham da suka koma noman kayan miya a 'yan filayen council. Babu mai sharhi a cikinsu, babu kiɗa, mutane ne kawai suna aikinsu suna magana idan sun ga dama. Na taɓa raka ta wani ƙaramin gidan sinima inda aka haska ɗaya. Da ni, da ita, da mai majigi, sai wasu tsofaffi biyu da nake kyautata zaton ruwan sama ne ya koro su. Ni kunya ta ishe ni. Ita kuwa da aka kunna fitila ta je ta zauna kusa da tsofaffin nan, ta tambaye su inda ya gundure su, tana rubutawa.

Sau biyu wani gidan talabijin ya nemi ya ɗauke ta aiki, ta ƙi. Na ce mata, "Ke dai Altine kin cika taurin kai." Ta ce, "Rabi, na taɓa yin aiki a inda wani ke gaya mini abin da zan yanke. Ba zan koma ba."

Daga baya na gane abin da take nufi. A lokacin Jamus biyu ce, Gabas da Yamma, kuma ita 'yar Gabas ce. Ta yi aikin tace fim a can, inda hukuma ke duba kowane abu kafin ya fita. Da aka tura ta wani aiki waje, sai ta ƙi komawa. Ta san ta rufe wa kanta ƙofa, amma ta zaci abin na ɗan lokaci ne. Ta bar mahaifiyarta ita kaɗai. Muna zaune muna gyaran alayyafo ta ba ni labarin: tsohuwar ta rasu shekara guda kafin in zo London, kuma wasiƙar ba ta iso ba sai da aka yi mako uku da binne ta. Ta ce, "Ban san wanda ya rufe mata ido ba. Ban san wanda ya taje mata kai ba. Ita kuwa ba ta son a taje mata da ƙarfi." Ba ta yi kuka ba. Ta ci gaba da tsinke ganye, ni ce na kasa daurewa.

Ba a daɗe ba wata 'yar'uwarmu 'yar Kano ta rasu a asibiti, Altine ta kai ni gidan makoki a Barking da tsohuwar motarta. A nan ta fara ganin Hajiya Adiza. Hajiya mutuniyar zangon Kumasi ce a Ghana, gajera mai kauri, tana aikin shara a wata makaranta. Amma duk macen da ta rasu a cikinmu, 'yar Najeriya ce ko 'yar Ghana ko wata ƙasa, ita ake kira ta yi mata wanka da sutura. Ba ta karɓar ko kwabo. Tana da wata baƙar jaka da ba ta rabo da ita, a ciki akwai sabulu, da kafur, da turare, da almakashi, da farin yadi. Altine ta ga yadda mata suka miƙe da Hajiya ta fito daga ɗaki, ta ga yadda 'yar mamaciyar ta riƙe hannayenta ta ɗora a fuska. A mota ta tambaye ni ko wace ce. Na gaya mata.

Wata biyu tana bina in kai ta wurin Hajiya. Da na kai ta, Hajiya ta dube ta sama da ƙasa, ta juyo gare ni. Hausar zango ba ruwanta da bambanta mace da namiji, kowa "ya" ne, kowa "kai" ne.

"Maman Asiya, wannan Baturiya mi ya ke so?"

Na ce, "Hajiya, so take ta ɗauki aikinki a fim."

"Gawa ya ke so ya gani?"

Na fassara. Altine ta ce a'a, ba gawa ba. Ta ce ita dai tana so ta san irin mutanen da ke tsayawa a kan wanda nasa ba sa kusa. Sannan ta ba ta labarin mahaifiyarta, ina mayarwa Hausa. Hajiya ta daɗe tana jan carbi. Can ta ce ta yarda, saboda yaran da ake haifa a nan ba su san aikin ba, idan ta mutu ba mai yi, ƙila fim ya koya musu. Amma da sharaɗi: ba za a ɗauki mamaci ba, ba za a ɗauki fuskar mai kuka ba.

Shekara uku aka yi ana aikin nan. Watannin farko Altine ko kyamara ba ta zuwa da ita. Tana zuwa ne ta zauna, ta taya Hajiya yankan albasa, ta riƙe mata yadi tana auna likkafani da kamu. A wurinta ta koyi Hausa, don haka har ta mutu "kai" take ce mini, maigidana yana dariya har ya ƙware. Da ta fara ɗauka, ta ɗauki Hajiya a tasha da sassafe tana jiran jirgin District line da jakarta a cinya. Ta ɗauki hannayenta suna ɗinki. Ta ɗauki ƙofar ɗakin wanka a rufe, minti biyu cur, ba ka jin komai sai zubar ruwa da muryar Hajiya can ƙasa-ƙasa tana lallashin mamaciya kamar mai yi wa jariri wanka. Matakan wankan kuwa da 'yar tsana ta nuna su, ɗaya bayan ɗaya. Ni ce mai fassara. Nakan zauna gefen teburin nan, a mayar da magana ɗaya sau ashirin, har mu sami kalmar da za a rubuta a ƙasan allo.

Idan na ga abin da ake yi yanzu, nakan tambayi kaina me Altine za ta ce. Kwanan baya na je jana'izar wata tsohuwa, tun ba a ɗauki makara ba wayoyi sun tashi sama, kafin in iso gida hoton tsohuwar a gadon asibiti ya zaga ko'ina. Ba wanda ya tambaye ta, ba wanda ya tambayi 'ya'yanta. Ina jin da Altine ta fita waje ta tsaya. Amma ba zan yi mata ƙarya ba, ba mai ƙin sabon abu ba ce. Da ta ga kyamarar da ke shiga aljihu, da ta yi murna saboda kafaɗarta. Da ta hau sabon jirgin ƙasan da ke kai mutum tsakiyar gari daga Woolwich kafin shayinsa ya huce, ta yi ta mita cewa saurin ya yi yawa, ba a ganin fuskar kowa. Abin da ba za ta taɓa ganewa ba shi ne yadda za ka ɗauki mutumin da ba ka taɓa cin abinci a gidansa ba.

Ana cikin tace fim ɗin katangar da ta raba ƙasarsu ta faɗi. Altine ta je gida karo na farko, ta ga kabarin mahaifiyarta, ta dawo. Bayan wasu watanni wasiƙa ta zo daga garin da aka haife ta: za a yi taron nuna fina-finai, sun ji labarin aikinta, suna so nata ya buɗe taron, a gidan sinimar da take zuwa tana yarinya. Ban taɓa ganinta haka ba. Ta shigo kicin ɗina ba sallama, ta karanta mini wasiƙar da Jamusanci, ta manta ba na ji. Ta yi booking ɗin jirgi. Ta sayi sabuwar riga, ita da rigunanta ba su wuce uku ba.

Saura mako biyu tafiya ta ce dole Hajiya ta fara gani. Ta aro majigi, muka rataya farin zanen gado a falon Hajiya a Barking, muka ja labule da hantsi. Hajiya ta kalla daga farko har ƙarshe. Da aka gama ta tashi ta yi alwala, ta yi sallar azahar, ta dawo ta zauna.

"Altine, aikinka ya yi kyau. Amma ka yi haƙuri, ba za a nuna shi ba."

Na ɗauka ban ji daidai ba. Na ce, "Hajiya, wani abu aka sa da ba ki so? A cire."

Ta girgiza kai. "Ba laifin shi ba ne, laifi na ne. Da na ga kaina a bango, na ji daɗi. Zuciya na ya ce, Adiza, dubi yadda ka iya. Shekara ashirin ina wannan aiki don Allah, ban taɓa jin haka ba sai yau. In mutane suka taru suka tafa mini, mi zan tarar a can? Ina tsoro, Maman Asiya. Bayan raina ku nuna ma duk wanda kuke so."

Altine ta fahimci fiye da rabi kafin in fassara. Fuskarta ta yi fari fat. Ta tattara majigi, ta yi wa Hajiya sallama yadda ta saba, muka fito.

A mota ni ce na yi ta faɗa. Na ce shekara uku ba wasa ba ce. Na tuna mata Hajiya ta sa hannu a takardar amincewa tun farko, don haka doka ta ba ta damar haskawa. Na ce Jamus ina, Barking ina, wa zai gaya wa Hajiya? Allah ya yafe mini, har cewa na yi tsufa ne ke damunta, nan da wata guda ta manta. Altine ta tsayar da mota a ƙofar gida. Ta ce, "Rabi, ka yi shiru. Idan ka ci gaba zan yarda da kai."

Kwana huɗu ban ji motsinta ta bango ba. Na kai mata tuwo, na dawo na tarar da kwanon a bakin ƙofa yadda na ajiye. Rana ta biyar ta ƙwanƙwasa, ta ce in taya ta ɗaukar kaya. Gwangwanayen fim ne guda shida. Muka kai Barking. Ta ajiye su a gaban Hajiya, ta ɗora takardar da aka sa wa hannu a sama, ta ce da Hausarta, "Naka ne. Ka ajiye." Hajiya ta kama hannunta ta riƙe, suka daɗe a haka. Gwangwanayen suka shige ƙarƙashin gado. Altine ta rubuta wa mutanen garinsu cewa fim ɗin ba zai samu ba. Suka sa na wani, kuma ba su sake gayyatarta ba.

Na daɗe ina jin haushin Hajiya, ita kuwa Altine ko sau ɗaya ban ji ta zarge ta ba. Na tambaye ta ko ta yarda da maganar lada da riya. Ta ce ba ta sani ba, ita ba mai addini ba ce. Ta ce, "Amma na san tsoro idan na gan shi. Kuma rayuwarta ce, aro ta ba ni." Bayan wannan ta yi fina-finai biyu, ɗaya a kan masu sayar da kifi a kasuwar Woolwich, ɗaya a kan wani makaho mai gyaran piyano. Sun yi kyau, amma ita da kanta ta ce ba su kai wancan ba. Duk ranar Lahadi kuma tana Barking cin wake da shinkafa.

A ƙarshen shekarun casa'in ciwon daji ya kama ta. Da asibiti suka ce sun yi iyakar ƙoƙarinsu, ta ce a mayar da ita ɗakinta. Ma'aikatan jinya suna zuwa, amma ba ta son su yi mata wanka, kunya take ji. Ranar nan sai ga Hajiya ta hau bas biyu da sandarta, ta iso tana haki. Ta ce in ɗora ruwa.

"Duk rayuwa na matattu nake ma wanka," in ji ta. "Bari yau in yi ma mai rai, ya gaya mini ko hannu na yana da zafi."

Altine ta yi dariya har tari ya sarƙe ta. Hajiya ta wanke ta a hankali, ta shafa mata man kaɗanya a ƙafa, ta taje mata ɗan gashin da ya rage. Sau biyu a mako take zuwa, har wata uku. Ranar da Altine ta cika, da la'asar, ina riƙe da hannu ɗaya, Hajiya tana riƙe da ɗayan. Hajiya ce ta rufe mata ido.

Hajiya ta ƙara shekara tara a duniya. Bayan sadakar arba'in, 'yarta Fati ta kawo mini gwangwanayen a cikin jakar Ghana-must-go, ta ce wasiyya ce. Muka kai wani shago aka juye fim ɗin yadda za a iya kallo, muka karɓi aron wani ɗakin taro a Barking. Mata suka cika shi, har da tsayuwa. Da aka zo wurin rufaffiyar ƙofar nan, na ji mata suna shessheƙa ta ko'ina, domin kusan kowace akwai tata da ta bi ta hannun Hajiya. Ba a tafa ba. Da aka kunna fitila, mata shida suka ba da sunansu cewa za su koyi aikin. Ni ce ta bakwai. Ban shirya ba, amma na tarar duk matakan suna kaina, da kalmomin Hajiya, saboda yawan maimaitawar da muka yi a gefen teburin nan.

Idan aka auna da ma'aunin masu sana'arta, Altine ba ta kai ko'ina ba. Ba ta karɓi lambar yabo ba, sunanta bai shiga littafi ba, mafi kyawun aikinta bai taɓa hawa allon sinima ba, kuma ta mutu ba ta san ko za a taɓa ganinsa ba. Wannan na ƙarshen har yanzu yana ci mini rai. Amma yau a gabashin London babu macen da za ta rasu a cikinmu a rasa mai yi mata sutura. Ni ce babba a cikin masu yi yanzu, gwiwoyina sun fara ƙi, kuma duk wadda ta zo koyo sai ta fara zama ta kalli fim ɗin.

A watan jiya wasu uku suka zo, duk haifaffun nan, masu jin Hausa su amsa da Turanci. Da aka gama kallon, ɗayarsu, wata ma'aikaciyar jinya daga Dagenham, ta tambaye ni muryar wa ce ke yi wa Hajiya tambayoyi daga bayan kyamara da wata irin Hausa. Na ba su labarin a taƙaice. Ta ce, "Anti, Musulma ce?" Na ce a'a. Na ga sun buɗe baki za su yi addu'ar da aka saba, sun rasa yadda za su yi.

Can ta daure ta haɗa Hausarta. "To Anti, me za mu ce mata?"

Na ce, "Ku ce an gode."

Suka dubi allon da babu komai a kansa, su uku, suka faɗa.